Ɗakin Dabinon Lammert

Wutar lantarki ta ɗauke ne da safiyar Lahadi, ina tsaye a kicin ina jiƙa wake. Firji ya yi shiru, rediyo ya katse a tsakiyar magana, ba abin da ya rage sai ƙarar ruwan sama a gilashin taga, irin siririn ruwan nan da ke daskarewa da zarar ya taɓa abu. Kafin in tsame hannuna daga kwano na ji mijina Lammert ya ture kujerarsa a falo. Ban tambaye shi inda za shi ba. Mun haura shekara arba'in tare, na san ba don firji ya miƙe ba.

A ƙarshen lambunmu akwai dabino. Lammert ya tsinci ƙwallonsa ne a gefen titi a wani gari na kudancin Sifen, shekarar da mawaƙan cocinmu suka je can yawon buɗe ido. Ya zo da shi a aljihun kwat, ya shuka a wani tsohon kofi. Itacen ya daɗe a tukunya muna jan sa zuwa gareji duk hunturu, har ya fi ƙarfin ƙofar garejin. Daga nan ya dasa shi a ƙasa, a nan lardinmu na Drenthe, inda ƙasa kan daskare har ta lanƙwasa bakin shebur.

Yana da wasu itatuwan, giginyoyin tsaunukan ƙasar Sin masu gashi a jiki, waɗanda ke jure sanyinmu da 'yar hular leda kawai a ka, don kada ruwa ya kwanta musu a zuciya. Dabino ba haka yake ba. Duk watan Nuwamba sai Lammert ya tattara ganyayensa sama ya ɗaure kamar rufaffiyar lema, ya naɗe gangar jikin da buhunan algarara, ya tara bambaro a gindi, sannan ya gina masa ɗaki. Ɗakin na sandunan katako ne, an lulluɓe shi da ledar nan mai ƙuraje ta naɗe kaya, ninki bisa ninki. Yana da 'yar ƙofa a ƙasa wadda sai da rarrafe ake shiga, da ƙaramar kafar iska can a ƙololuwa, da wata 'yar taga ta farar leda da ke kallon kicin. A ciki akwai hita ta lantarki. Akwai kuma ma'aunin zafi mai batir da ke aiko da lamba zuwa wani ɗan allo da ya ajiye mini a kan tagar kicin, kusa da littafin addu'o'ina.

Tun ranar Asabar masu hasashen yanayi suka ce bayan ruwan iska za ta juyo daga gabas, kuma kafin wayewar Litinin sanyi zai kai digiri sha takwas ƙasa da sifiri. Dabino ba ya rayuwa a rabin wannan. Don haka Lammert ya wuni a kan tsani da salatif a wuyan hannu, yana bin kowace mahaɗa da kowane tsagi yana liƙewa. Maƙwabcinmu Jantinus, tsohon direban motar madara, ya jingina da shinge yana kallonsa. Shi ma yana cikin ƙungiyarsu ta masu shuka irin waɗannan itatuwa, amma yana ɓangaren da ba su yarda da gina wa itace ɗaki ba.

"Sarkin Dabino, yau ma an ƙara wa yarima bargo?" in ji Jantinus.

"Kai dai ka ji da tsintsayenka," in ji Lammert, yana nufin itatuwan Jantinus, bai ko waiwayo ba.

"Tsintsayena suna tsaye da ƙafarsu. Ka shigar da naka ɗaki mana, ka ba shi gadonka, kai ka kwana a lambu. Maƙwabciya, ko za ki ga bambanci in aka yi musanya?"

Na ce masa dabino aƙalla ba ya minshari. Suka yi dariya, Lammert ya ci gaba da liƙi har duhu ya fara shiga. Da ya sauko sai ya zagaya ɗakin da tafin hannu a buɗe yana neman inda iska ke fita, bai samu ba, ya shigo gida da fara'a.

To ga shi da safe wuta ta ɗauke, hita ta mutu. Na same shi a gareji ya durƙusa gaban tsohon rishon mahaifiyarsa, wanda rabon da a kunna shi tun yaranmu suna ƙanana. Yana gyara lagwani da almakashi, ga galan ɗin kananzir a gefensa.

"Lammert, ba za ka kunna wannan a cikin ɗakin da ka liƙe jiya ba."

"Akwai kafa a sama, Malama."

Malama yake ce mini tun kafin mu yi aure. Na koyar a makarantar firamare ta ƙauyenmu har na yi ritaya, kuma duk hunturu nakan yi wa yara darasi a kan iskar nan da wuta ke fitarwa a rufaffen wuri, wadda ba ta da wari, ba ta da launi, ba ta sa tari, sai dai ta sa mutum ya ji barci mai daɗi. Na maimaita masa darasin a tsaye a bakin gareji. Ya saurara har ƙarshe, yana gyaɗa kai kamar yaron da ya riga ya yanke shawarar abin da zai yi.

"To ka kunna ka fito," na ce.

"In bar wuta ita kaɗai da bambaro? Kin manta abin da ya sami mutumin nan na ƙungiyarmu? Fitilun ado kawai ya naɗa wa nasa, ya shiga gida shan kofi, kafin ya fito itace da shinge da rumfar kekuna duk sun zama toka. Dole wani ya zauna ya sa ido."

"Ka bar ƙofar a buɗe."

"In ɗumama lardin gaba ɗaya ke nan. Ki kwantar da hankalinki. Kafin azahar za su dawo da wuta. Zafi kawai nake so ya taru a ciki kafin iskar gabas ta iso."

Na san ba zan iya hana shi ba. Abin da na samu kawai shi ne alkawari: duk sa'ad da na ƙwanƙwasa cokali a bayan tukunya daga ƙofar kicin, zai ɗaga mini hannu ta 'yar tagar nan. In kuma ya ji kansa ya yi nauyi, zai fito nan take.

Fasto ya aiko saƙo ta waya cewa ba za a yi sujada ba, kowa ya zauna a gida, tituna sun zama gilashi. Na ɗora faten wake a murhun gas. Bayan ɗan lokaci na saka tsofaffin safar ulu a kan takalmana, kamar yadda muke yi in ƙasa ta yi santsi, na kai masa kofi. Na durƙusa na leƙa ta ƙofar. Yana zaune a kan kifaffen bokiti ta hannun hagu, bayansa jingine da buhunan da ke jikin itacen. Rishon yana ta hannun dama a kan bulo biyu, harshen wutar shuɗi a ƙasa, rawaya a baki. Ɗumi ya bugi fuskata, da warin kananzir da na jiƙaƙƙen bambaro.

"Kin ga? Kamar watan Mayu," in ji shi. "Rufe mini ƙofar da kyau in za ki tafi."

Na ɗaga kai na dubi kafar iskar. Na hango ɗan hasken sararin sama ta cikinta. Na rufe ƙofar.

Daga nan na koma kicin na zama mai gadi. Ina juya wake, ina duban allo, ina duban taga. Lambar ta tashi daga biyu zuwa biyar. Na buɗe ƙofa na buga cokali, hannu ya ɗago a bayan leda, har da kaɗa yatsu don ya ba ni haushi. Na zauna na buɗe littafin addu'o'ina, tunda ba coci, amma idona ya ƙi zama a kan layi. Ruwan bai tsaya ba. Igiyar shanya ta yi kauri kamar sanda. Wani reshen tuffa ya karye da ƙara irin ta fashewar faranti. A kan titi na ga mutane biyu sun wuce a kan takalman zamiya, masu ƙarfe kamar wuƙa a ƙasa, hannuwa a baya, kamar a kan daskararren kogi suke.

Karo na biyu da na buga, hannun ya ɗago, amma a hankali, kuma bai kaɗa yatsu ba. Na ce a raina ya gaji da wasan ne.

Abin da ya fara tayar mini da hankali shi ne lambar. Ta kai tara, ta kai sha ɗaya. Ɗan risho kamar wannan, a ɗakin da ke da kafa a sama, bai kamata ya tara zafi haka ba, domin zafi sama yake bi ya fita. Na matsa jikin gilashi na dubi ƙololuwar ɗakin. Ban ga kafar ba. Ruwan da ke gangarowa daga rufin ya taru a bakinta ya daskare, ya yi wani dunƙule mai sheƙi da haƙora suna rataye. Ɗakin duka ya koma kamar an tsoma shi a narkakken gilashi an tsamo. 'Yar tagar ma ta yi fari, raɓa daga ciki, ƙanƙara daga waje.

Na buɗe ƙofa na buga cokali. Na jira. Na sake bugawa har tukunyar ta loɓa. Ba abin da ya motsa.

Ban san yadda zan kwatanta abin da na ji ba sai dai in ce jikina ya yi sanyi daga ciki, kuma hankalina ya yi wata irin natsuwa da ba ta da daɗi. Na kashe gas. Na jefa waya a aljihun riga. Safar da ke kan takalmana ta jiƙe tun fitar farko ta kuma daskare, ban lura ba. Taku kaɗan na yi ƙafafuna suka tafi, na faɗi a kan ƙugu. Na yi ƙoƙarin tashi na sake zamewa. Sai na bar tashi, na rarrafa, gwiwa da tafin hannu, a kan hanyar da na bi dubban lokuta da kwandon wanki. Ina rarrafe ina kiran sunansa, ba da ƙarfi ba, domin numfashina bai isa ba. Tsakanin kira da kira ina cewa, ya Ubangiji, ya Ubangiji, ban iya ƙara komai a kai ba.

Ƙofar ta ƙi buɗewa. Waje take buɗewa, kuma ruwan da ya zubo daga bango ya taru a gindinta ya haɗe ta da ƙasa. Na ja mariƙin har ya tsinke a hannuna. Na manna ido a bango. Ta cikin ƙanƙara da leda na hango hasken risho ya yi rawaya, da wata inuwa a hagu, kai ya sunkuya kan ƙirji.

"Lammert. Lammert, ka ɗaga hannu."

Inuwar ba ta motsa ba.

Na kira lambar gaggawa. Wata mata ta ɗauka, muryarta a kwance. Na faɗa mata komai a jere kamar mai ba da rahoto, har na yi mamakin kaina. Ta ce motar asibiti za ta taso yanzu, amma sai ta biyo bayan motar watsa gishirin da ke narkar da ƙanƙarar titi, kuma ba ta so ta yi mini ƙarya game da lokacin da za ta iso.

"Ki fasa bangon ta kowace hanya," in ji ta. "Iska ce ta farko. Kada ki shiga ki zauna a ciki, in kin faɗi ke ma ba mai fito da ku. Akwai wani kusa?"

Na kira Jantinus. Ya ɗauka yana tauna wani abu.

"Maƙwabciya, yarima ya yi atishawa ne?"

"Lammert yana ciki da risho. Ƙanƙara ta rufe ɗakin. Ba ya amsawa."

Na ji kujera ta faɗi, wayar ta katse.

Na cire takalmi ɗaya na riƙa dukan bango da dunduniyarsa. Ƙanƙarar ta tsage ta zubo, amma ledar da ke ƙasa ta ƙi. Sai ta loɓa ta dawo. Na sa farce, na sa haƙori. Lammert ya sayi mai kauri ce, wadda aka yi don kada ta yage, ya kuma bi kowace mahaɗa da salatif. Na tuna fuskarsa jiya yana zagayawa da tafin hannu a buɗe. Na nemi dutse a gefen furanni, kowanne ya manne da ƙasa. Wuƙaƙena suna kicin, kuma kicin ya yi mini nisa kamar wani gari. Na tsaya ina auna ko in koma, ko in ci gaba da duka, kuma wannan 'yar tsayuwar ita ce mafi munin abin da ya same ni a ranar, domin kowanne na zaɓa ina ganin shi ne zai kashe shi.

Sai na ji ƙarar ƙarfe a kan ƙanƙara. Jantinus ne, a kan tsofaffin takalmansa na zamiya, ba hula, riga a buɗe. Ya biyo titi, ya shigo ta gefen gareji, ya zamo har gabana ya zube a kan gwiwa. Ya kwance takalmi ɗaya, ya riƙe shi kamar gatari, ya ɗaga zai sara.

"Ba nan ba," na ce. "Rishon yana nan bayan, a kan bulo. In katakon ya motsa zai kife a bambaro."

"Ina yake?"

"Hagu. Ka yanka ta hagu, sama da kansa."

Ya zagaya da gwiwa. Ya soka bakin ƙarfen, ya ja ƙasa da hannu biyu. Ninki na farko ya tsage, na biyu, na uku ya ƙi, ya zage shi da wata kalma da ban taɓa ji a bakinsa ba, ya sake sokawa. Ɗumi ya fito ya buge mu, mai nauyi, mai warin kananzir. Na kama gefe ɗaya ya kama ɗaya muka ja har tsagin ya kai ƙasa.

Lammert yana zaune yadda na bar shi, kofin kofi a kife a cinyarsa. Abin da ya fi ba ni tsoro shi ne fuskarsa. Ba ta yi fari ba. Kumatunsa sun yi ja, kyakkyawan ja, kamar na mutumin da ya dawo daga doguwar tafiya a keke. Na san abin da wannan launi ke nufi, na sha faɗa wa yara.

"Riƙe numfashi," in ji Jantinus. Ya ja iska, ya zura jiki ciki, ya miƙa hannu ya murɗe lagwanin har wutar ta mutu. Sannan muka kama wuyan kwat ɗin, shi dama ni hagu. Lammert mutum ne mai jiki. Fitar da shi ta tsakanin katako ya kusa gagarar mu, ƙafarsa ta maƙale a buhu, sai da na zura hannu na warware ta. Amma da bayansa ya taɓa ƙanƙarar waje sai ya zame da sauƙi kamar ba shi da nauyi, har ya wuce mu kaɗan. Wannan sauƙin ma ya firgita ni.

Na sa kunne a bakinsa. Ruwa yana zuba a wuyana, zuciyata tana bugawa a kunnena, ban ji komai ba. Na ɗora hannu a ƙirjinsa na rufe ido. Can na ji ya ɗaga, kaɗan, ya daɗe, ya sauka.

Na sake kiran matar gaggawa. Ta ce mu juya shi gefe, mu raba shi da ƙanƙara, mu rufe shi, amma kada mu kai shi rufaffen ɗaki. Jantinus ya yanko babban ɓangaren ledar, muka mirgina shi a kai, muka ja shi kamar buhun dankali har ƙarƙashin rumfar ƙofar kicin. Na kwaso barguna duk da hannuna ya kai. Jantinus ya zauna a ƙasa, ƙafa ɗaya da takalmin zamiya, ɗaya da safa kawai, yana marin kumatun Lammert a hankali.

"Tashi, tsoho. Tashi mana. Ka mutu a kan dabinon da ko 'ya'ya bai taɓa yi ba? Me zan ce wa 'yan ƙungiya? Wallahi in ka mutu ni zan yi jawabi a kabarinka, kuma duk abin da na sani sai na faɗa."

Ni kuwa na riƙe hannun Lammert ina bin numfashinsa, kowanne ya fita sai in jira na gaba ban da tabbacin zai zo. Na yi addu'a, amma ba irin wadda na saba ba, mai farko da ƙarshe. Roƙo ne guda ɗaya nake ta maimaitawa, a ba shi numfashi na gaba.

Ban san tsawon lokacin da muka yi haka ba. Ruwa ya tsaya, iska ta juyo daga gabas kamar yadda aka faɗa, ta fara kaɗa yagaggiyar ledar ɗakin tana faf-faf. Sai jikinsa ya girgiza, ya yi amai a kan bargo. Na share masa baki. Ya buɗe ido. Ya dube ni ya daɗe, da ladabi, irin kallon da ake yi wa baƙuwar da ta yi maka alheri a tashar jirgi.

"An tashi daga makaranta?" ya tambaya.

"Lammert, ni ce. Roelfien."

"To," in ji shi, ya mayar da ido ya rufe.

Jantinus ya dube ni, na kau da kai.

Motar asibitin ta iso a bayan taraktar wani manomi da ke watsa yashi a gabanta, domin motar gishirin ta zame cikin kwata a hanya. Ma'aikatan motar suka sa masa abin shaƙar iska a fuska, suka ɗaure shi a gado mai taya. Ɗaya daga cikinsu ya manna mini wani abu a yatsa, ya ce ni ma sai na bi su. Da za a rufe ƙofar motar na hango Jantinus yana ɗingishi zuwa ƙarshen lambu, yana jan wani tsohon tanti a bayansa don ya rufe dabinon. Ban ce masa ya yi ba, ban ce ya bari ba.

A asibiti Lammert ya farka sosai da yamma, ya gane ni, ya kira ni Malama. Na shiga banɗaki na rufe ƙofa na yi kuka, na gode wa Allah da bakin da ya iya haɗa jimla a karon farko tun safe. Kwana biyu suka riƙe shi. Ranar sallama likitar ta kira ni gefe. Yarinya ce, ba ta kai 'yarmu ba. Ta ce ya tsira, kuma da an ƙara jinkiri kaɗan da ba wannan maganar muke yi ba. Amma ta ce wannan iska wani lokaci takan bar abu a ƙwaƙwalwa wanda ba ya bayyana nan take. Mutum ya koma gida lafiya lau, sai bayan makonni a ga ya fara mantuwa, ko tafiyarsa ta canza, ko halinsa. Ba kowa ba, in ji ta, yawanci ma ba ya faruwa. Ta ce in sa ido, in na ga wani abu in dawo da shi.

Ban faɗa masa ba. Na san zai ce likitoci sun fi masu hasashen yanayi son tsoratar da mutane.

Sanyin ya zo yadda aka ce, ya wuce. Ganyayen dabinon sun koma launin buhu. 'Yan ƙungiya sun zo sun tsaya a kansa da hannuwa a aljihu, wasu sun ce ya tafi, wasu sun ce ba a sani ba sai bazara ta yi nisa. Ban sa dabinon a addu'ata ba, ta kowace fuska, domin ban amince da zuciyata a kan abin da za ta roƙa ba.

Mijina nake kallo. Ina kallon yadda yake ɗaure igiyar takalmi, da yadda yake sauka daga matakala. In ya yi shiru a tsakiyar magana sai in dakata da abin da nake yi har ya ƙarasa. Nakan jefa masa tambayoyi cikin hira, kamar ni ce na manta: wace rana ce yau, wane titi ɗanmu ya koma, me ake kiran jaririyar 'yar fasto. Yana amsawa daidai.

A mako na uku, da hantsi, yana zaune a teburin kicin yana feraye dankali, na ce, "Wai shekarar da muka gyara rufin nan, kafin auren 'yarmu Hilje ne ko bayansa?"

Ya ajiye wuƙar ya dube ni ta saman tabarau.

"Bayansa. Kuma yau Alhamis ce, kuma sunan jaririyar Fenna, kuma ke ce matata. Na ci jarrabawar, Malama, ko akwai shafi na biyu?"

Na ji kunya, na yi dariya, shi ma ya yi. Dariyarmu ta farko ke nan tun ranar, kuma na ji wani abu ya saki a kafaɗuna. Ya gama ferayar, ya tattara ɓawon a takarda, ya miƙe da dankalin a hannu biyu. Ya tsaya a tsakiyar kicin. Ya dubi dama, ya dubi hagu.

"Ina muke ajiye tukunyar dankali?" ya tambaya.

Tana rataye a ƙusar da shi da kansa ya kafa, a gefen murhu, inda take tun shekarar da muka tare a gidan. Kowane tsoho yana iya yin irin wannan tambayar, kuma Lammert bai taɓa zama mai kula da kayan kicin ba. Na faɗa wa kaina wannan. Na miƙa hannu na sauko da tukunyar, na riƙe ta da kyau don kada murfin ya yi ƙara, na tara masa ya zuba.